Dunƙulen nama irin na Tailan da miyar gyaɗarsa: inda hannu ke kuskurewa

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni fili a shafin wasiƙu in yi magana da iyayenmu mata da ƙannenmu na zangunan Kumasi, har da mazan da ke riƙe da tukubar cincinga, wato tsire, a kan wani girki da ya fara shigowa gidajenmu ta bidiyon waya: dunƙulen nama irin na mutanen Tailan, wanda ake ci da miyar gyaɗa mai kwakwa. Da yawa sun gwada, naman ya watse a tukunya ko ya fito yana marmashewa, miyar kuma ta koma irin wadda muke ci da tuwon shinkafa. Daga nan sai a yanke hukunci cewa sai da kayan da ba mu da su. Alhali kusan duk abin da ake buƙata yana nan tsakanin kasuwar Kejetiya da ta Asawase. Matsalar ita ce mun saba sarrafa nama da gyaɗa ta hanyarmu, wannan girki kuwa yana son akasin haka a wurare biyu ko uku. Asarar rabin kilo na nama a wannan tsadar abu ne mai ciwo, shi ya sa na ɗauki alƙalami.

A can ƙasar tasu ana kiran dunƙulen luk cin. Ya shigo musu ta girkin 'yan ƙasar Sin da suka zauna a cikinsu, kuma ana sayar da shi a tsinke a bakin titi ko a cikin romon taliya. Miyar gyaɗar kuwa ta wani abinci ce daban, wato sate, tsiren da ya taso daga tsibirin Jawa na Indunisiya ya hauro arewa ta ƙasar Malesiya. Haɗa su a faranti ɗaya ya fi yawa a wurin masu girki na ƙasashen waje, kuma haɗin ya dace. Sai dai a sani cewa a Tailan ana yawan yin wannan dunƙule da naman alade, ko da yake akwai na shanu da na kaza da na kifi. Don haka kada a sayi daskararren na leda a kanti sai an karanta abin da ke rubuce a jiki an ga tambarin halal. Wanda aka yi a gida ya fi kwanciyar rai.

A fara daga wurin mahauci. A nemi rabin kilo na tsokar cinyar sa, wato fam ɗaya da ɗan ɗori, yankan safiyar ranar, domin sabon nama ya fi wanda ya kwana danƙo. A ƙara da kitse kamar giram 50, kada ya wuce haka. A gida a zauna da wuƙa mai kaifi a cire duk jijiya da farin tantanin da ke manne da tsokar. Wannan aiki yana cin minti 10 zuwa 15, kuma wanda ya tsallake shi zai riƙa cin karo da zare a haƙori, ga shi jijiyar tana naɗe wuƙar injin niƙa. A yanka naman ƙanana, a baza a faranti, a sa a gidan ƙanƙara na firiji kamar minti 40, har gefensa ya fara tauri amma bai daskare ba.

Sanyin nan shi ne ginshiƙin girkin gaba ɗaya, kuma shi muka fi rainawa, wannan ne kuskure na farko. Dalilinsa kuwa, idan gishiri ya haɗu da niƙaƙƙiyar tsoka yakan narkar da wani furotin da ke cikinta, shi ne yake fitowa ya zama danƙo ya riƙe ruwa da kitse a wuri ɗaya. Idan aka dafa, danƙon ya ɗaure, dunƙulen ya fito sumul yana ɗan turjewa a haƙori kafin ya fashe. Amma idan naman ya ɗumama yayin niƙa, kitsen ya fara narkewa ya shafe tsokar, danƙon ba zai ƙullu ba, kuma babu wani gyara bayan nan. Shi ya sa kai nama injin niƙa na kasuwa yake ɓata shi: injin yana da zafi, ya wuni yana niƙa tumatir da barkono, ga rana a hanyar dawowa, ga kuma ba a san abin da aka niƙa kafin naka ba. In babu firiji ko an ɗauke wuta, a sayi ƙanƙarar leda a jera a ƙarƙashin kwanon da naman ke ciki, a yi aikin da sassafe ko bayan isha'i.

Kafin a fito da naman, a daka kayan ƙamshinsa. Mutanen Tailan suna da abubuwa uku da ba sa rabuwa a irin wannan girki: tafarnuwa, farin masoro da saiwar koriyanda. Na rabin kilo, ɓare 4 na tafarnuwa, ƙaramin cokali 1 na farin masoro, da saiwa 3 wankakku. Masu sayar da ganyen koriyanda kan yanke saiwar su zubar, saboda haka a roƙe su su bar ta. In ba a samu ba, ƙasan karan ganyen ya wadatar. A tanadi kuma ƙaramin cokali 1 na gishiri, babban cokali 1 na ruwan gishirin kifi da suke kira nam pla, ƙaramin cokali 1 na sukari, babban cokali 2 na sitacin rogo, ƙaramin cokali 1 na bakin foda, wato hodar da ke sa kek ya tashi, da dakakkiyar ƙanƙara giram 100. Nam pla ƙananan kifi ne da aka jiƙa da gishiri na watanni aka tace ruwansu, ana samunsa a manyan kantuna. Wanda bai samu ba ya ƙara rabin ƙaramin cokali na gishiri da ɗan garin busasshen jatan lande irin wanda ake sa wa shito, soyayyen yajin nan namu na Gana.

Tsarin zubawa yana da muhimmanci. Nama da gishiri da rabin ƙanƙarar su ne na farko, a niƙa ko a daka har ya fara kama jikinsa. Sannan kayan ƙamshi da nam pla da sukari. Sitaci da bakin foda da sauran ƙanƙarar su zo a ƙarshe. Mai amfani da bilanda ya raba naman kashi uku, ya riƙa kunnawa na daƙiƙa 20 yana kashewa, in ba haka ba injin zai yi zafi ya ɗumama naman, ko ma ya ƙone. Turmi ma yana yi, kuma a ganina yana fitar da danƙo mai kyau, illa dai a wanke shi sarai don kada warin daddawa ko barkono ya bi naman. Bayan an niƙa, a juye a kwano a riƙa ɗaga curin da hannu ana maka shi a ƙasan kwanon na minti 5. An kai inda ake so idan launinsa ya koma ja mai haske, ya yi santsi da yauƙi kamar sakwarar da ta daku, kuma in an ɗebo da cokali an kife ba ya faɗuwa. A rufe a mayar firiji na rabin awa.

Ba a sa ƙwai, ba a sa burodi, ba a sa albasa. Ƙwai da burodi na dunƙulen Turawa ne mai laushi, albasa kuma tana sakin ruwa a cikin curin ta raba shi. Haka nan kada a musanya bakin foda da kanwa, domin tana duhunta naman ta bar masa ɗanɗanon sabulu. Shi kansa bakin fodar in ya wuce cokalin nan ɗaya ɗaci yake kawowa. Wasu kan ƙara sitaci don naman ya yi auki, to daga cokali 4 zuwa sama abin da za a ci ya koma ƙullin rogo mai ƙamshin nama.

Kuskure na biyu yana wurin dahuwa. A ɗora faffaɗar tukunya da ruwa, a bar shi ya yi zafi har ƙananan kumfa su fara taruwa a gindin tukunyar, wajen digiri 80 ke nan a ma'aunin zafi. Kada ya tafasa. Tafasasshen ruwa yana jujjuya dunƙulen kafin ya ɗaure, ya farfasa fatarsa, ya kumbura shi, da ya huce kuma sai ya yamushe ya yi ramuka a ciki. A kurfoti, wato murhun gawayi, a rage wuta, a ajiye kofin ruwan sanyi kusa don a riƙa tsiyayawa in ruwan ya fara motsi. A jiƙa hannu, a damƙi curin, a matse shi ya fito ta tsakanin babban yatsa da manuniya, a kwashe da jiƙaƙƙen cokali a saka a ruwan. Kowane ɗaya cikin babban cokali ɗaya, rabin kilo zai ba da kusan 30. A fara dafa guda ɗaya tak a ɗanɗana, domin wannan ne lokaci na ƙarshe da za a iya gyara gishiri. Idan sun taso saman ruwa a ba su ƙarin minti 5, a tsaga ɗaya a tabbatar babu ja a tsakiya, domin niƙaƙƙen nama ba a cinsa da saura. A kwashe a tsoma a ruwan sanyi na minti 2, a tsane. Ruwan dahuwar romo ne, a ajiye shi don taliya.

Naman rago ma yana yi, musamman lokacin layya, amma a rage kitsen sosai tunda kitsen rago yana saurin daskarewa a baki, a ƙara ɗan citta. Na kaza kuwa cinya za a nema, ƙirji shi kaɗai bushewa yake yi.

Sai miya. Mu a namu girkin ana dama niƙaƙƙiyar gyaɗa da ruwa, a zuba tumatir da albasa da naman miya, a bar ta ta daɗe tana tafasa. Wannan ba ta da tumatir, ba ta da dunƙulen magi, gyaɗar ma a ƙarshe take shiga. Tushenta shi ne jan haɗin yaji da aka soya a cikin man kwakwa. Ana sayar da wannan haɗi a kwalba, babban cokali 2 zuwa 3 ya isa, amma na gida ya fi ƙamshi. A samu dogon busasshen barkono ja guda 8, marar zafin tsiya, a tsaga a zubar da 'ya'yan, a jiƙa a ruwan ɗumi minti 20, a matse. A samu kara 2 na ciyawar shayin nan mai ƙamshin lemun tsami da ake shukawa a bayan gida, a ɓare busasshen bayan, a yi amfani da farin gindin kawai, tsawon yatsa, a yanka siri-siri. Sai ɗanyar citta gaɓa ɗaya, wadda ke tsayawa a madadin wata saiwa tasu mai kama da ita. Sai koren ɓawon lemun tsami ɗaya, a kankare shi sama-sama ban da farin ciki mai ɗaci. Sai ɓare 6 na tafarnuwa, ƙananan jajayen albasa irin na garin Anloga na yankin Volta guda 5, ƙaramin cokali 1 na 'ya'yan koriyanda da aka ɗan gasa a busasshen kasko, da babban cokali 1 na garin jatan lande.

A daka masu tauri da farko: barkono da ɗan gishiri, sannan ciyawar shayi, citta da ɓawon lemun tsami. Sai sun yi luƙui za a zuba tafarnuwa da albasa. Wanda ya fara da albasa zai tara ruwa a turmi, barkonon ya riƙa zamewa ƙarƙashin taɓarya yana fantsama a ido, ciyawar kuma ta bar zaruruwa a miya. Asanka, kaskon nan na ƙasa da ake niƙa a ciki, tana iya gama aikin, amma ba ta iya fara shi.

Madarar kwakwa daga ƙosasshiyar kwakwa mai tauri ake samunta, irin wadda ake kawowa daga yankin Nzema, ba ɗanyar da ake sara ana shan ruwanta a bakin hanya ba. A girgiza a ji ruwa na motsi, a duba idanunta ba su yi laima ko fumfuna ba. A goge naman kwakwa ɗaya babba, a zuba kofi 1 na ruwan ɗumi, a murza da hannu, a matse a tsumma mai tsabta. Wannan ita ce ta farko mai kauri, a ajiye ta daban. A sake zuba kofi 1 a matse ta biyu. A zafin Kumasi madarar nan tana tsami cikin 'yan sa'o'i, don haka a matse ta dab da ɗora tukunya. Mai amfani da ta gwangwani, na mililita 400, kada ya girgiza shi: ya buɗe ya kwashe kaurin da ya taru a sama, shi ne madadin ta farko.

Game da gyaɗa, Malam Edita, ina da roƙo na musamman. A sayi tsabar gyaɗa a tsince ta da hannu. Duk ƙwayar da ta yamushe, ta yi baƙi, ta yi kore ko fumfuna, a zubar. Irin wannan tana iya ɗaukar gubar afalatoksin mai lahanta hanta, kuma suya ko tafasa ba su kawar da ita. A niƙaƙƙiyar gyaɗar kasuwa ba a ganin abin da aka niƙa, kuma akwai masu haɗa ta da garin rogo don ta yi yawa, wanda ke sa miya ta yi kauri ba ɗanɗano. Giram 120 ake buƙata, cikin ƙaramin gwangwanin madara da ɗan ɗori. A soya a wuta kaɗan har ta yi ruwan zuma, a murje ɓawon a fece, a daka ta tsaka-tsaki, rabi ya yi laushi rabi yana da tsaki-tsaki. Gyaɗar da ta ƙone ɗacinta ba ya ɓoyuwa. Garin ƙuli-ƙuli kuwa an riga an matse mansa, in dole sai da shi to a ƙara babban cokali 1 na man gyaɗa, kuma a tabbatar ba mai yaji ba ne.

A zuba rabin madara mai kauri a tukunya mai kaurin gindi, a matsakaiciyar wuta, ana juyawa. Cikin minti 5 zuwa 8 za a ga ta ƙafe, mai ya fara tsatstsafowa a gefe. Nan da yawa suke tsorata su ce ta tsinke, su sauke. Abin da ake jira ke nan. A zuba haɗin yajin a cikin man a soya minti 3 zuwa 4, har warin ɗanyar tafarnuwa ya tafi, man ya koma ja. In an zuba yajin a cikin ruwa ba a soya ba, miyar za ta riƙa warin ɗanyen barkono, launinta ya koɗe. Wasu madarar gwangwani an sa musu abin da ke hana su rabuwa, komai daɗewarsu a wuta mai ba zai fito ba, sai a taimaka da babban cokali 1 na mai.

Daga nan a zuba sauran madarar duka, da gyaɗar, da babban cokali 3 na mazarƙwaila, wadda ta fi farin sukari kusa da sukarin giginya da suke amfani da shi, da babban cokali 1 na nam pla, da babban cokali 2 na ruwan tsamiya mai kauri. Tsamiyar a jiƙa ta tun da wuri a ruwan zafi, a murje a tace. A rage wuta sosai, minti 10 zuwa 12, ana juyawa har ƙasa, domin gyaɗa da sukari suna kama gindin tukunya cikin ƙiftawar ido. In ta kama, kada a kankare, a juye ta sama a wata tukunya. A sauke tun tana zuba daga cokali, saboda tana ƙara kauri in ta huce. Jan man da ke yawo a sama a bar shi, a wurinsu alamar miyar ta yi ce.

Ɗanɗanon da ake nema zaƙi ne a gaba, gishiri na biye, tsami kaɗan a baya, yaji can ƙarshe. Harshenmu bai saba da zaƙi a miya ba, kuma babu laifi a rage mazarƙwailar zuwa cokali 2, amma in an cire ta gaba ɗaya tsamiyar za ta yi kaifi. In miyar ta yi nauyi a baki, tsami ne ya gaza. In ta yi lami, gishiri ne. Mai son lemun tsami ya matsa shi bayan an sauke, domin in ya dahu ɗaci yake yi.

Akwai abu na uku da ake mantawa, kuma rashinsa ne ke sa a gundura bayan loma huɗu: kokwamba mai tsami. A tafasa rabin kofi na binega, wato ruwan khal, da rabin kofi na sukari da rabin ƙaramin cokali na gishiri, a bar shi ya huce sarai. Sai dab da ci a zuba a kan yankakkiyar kokwamba ɗaya da jar albasa 2 da ɗanyen barkono. In an zuba da zafi ko tun da wuri, kokwambar za ta yi laushi ta saki ruwa.

Gashi shi ne mafi sauƙi a wurinmu. A jiƙa tsinke a ruwa don kada ya ƙone, a soke dunƙule 4 ko 5, a shafa ɗan mai, a ɗora a garwashin da ya daina ci da wuta, minti 2 zuwa 3 kowane gefe. Sun riga sun dahu, launi da ƙamshin hayaƙi kawai ake nema. Kada a shafa miyar a kansu a kan wuta, sukarin zai ƙone. A kawo ta a kwano daban a riƙa tsomawa, ko a zuba a kan shinkafa mai ƙamshi. Wanda ba shi da gawayi ya soya su a kasko da mai kaɗan.

Dafaffen dunƙule yana kwana 3 a firiji, a gidan ƙanƙara kuma wata 2, shi ya sa masu sana'ar abinci za su iya yin mai yawa lokaci ɗaya su riƙa gasawa da kaɗan-kaɗan. Miyar kwana 3 ce iyakarta, a ɗumama ta a wuta kaɗan da ruwa cokali 2 ko 3. Kada ta wuni a waje a buɗe. Kuma duk wanda zai ba baƙo ko ya sayar, ya faɗa cewa akwai gyaɗa da jatan lande a ciki, domin akwai mutanen da jikinsu ba ya karɓar su, har numfashi kan iya sarƙe musu, yara ma na ciki.

Na gode da filin da ka ba ni. Allah ya ƙara wa jaridarmu albarka.

Wassalam,
Mai karatunku daga Aboabo, Kumasi